Na shiga laburare neman ɗumi, na fito da kunya

Gaskiyar magana ba karatu ne ya kai ni ba, sanyi ne. A watan Disamba a Birmingham, ƙarfe huɗu na yamma tana yi gari ya rufe kamar an idar da isha'i, ga ɗakin da nake haya mitarsa ta saka-kati ce, kana kunna hita kana jin kuɗinka yana ƙonewa. Aikina na dare ne, a wani katafaren sito da muke harhaɗa kayan da mutane suka saya ta intanet. Da rana in na farka sai in rasa inda zan sa kaina. Wani abokin aikina, Bahaushen Sudan ne ɗan Mai Wurno, shi ya ce mini, "Ɗan'uwa, tafi laburaren unguwarku mana. Ɗumi kyauta, kujera kyauta, ba mai tambayarka me ya kawo ka."

Kwana uku ina zuwa ina gyangyaɗi a bayan jarida. A rana ta huɗu na tsaya gaban wani tebur kusa da ƙofa, an jera littattafai kamar ashirin, an kafa kwali an rubuta cewa waƙoƙi ne a kan tafiye-tafiye da tarihi da juriyar ɗan Adam. Na ɗauki ɗaya na juya bayansa ina duba farashi, halin gida ba ya barin mutum. Sai ga wata dattijuwar ma'aikaciya, tabarau rataye a wuya, ta tambaye ni ko ina da katin aro. Nan take na fara lissafi a raina: fom, hoto ɗan wuya guda biyu, sa hannun wanda zai tsaya mini, kuɗin rajista, sannan a ce in dawo mako mai zuwa oga ba ya nan. Abin da ta nema kawai takardar da ke ɗauke da sunana da adireshina. Kan ka ce kwabo kati ya fito. Na tsaya ina jira ta ce saura kaza, ita kuma ta tsaya tana jira in tafi da littattafaina.

Guda uku ta zaɓar mini, kuma duk wanda Turancinsa ya ɗan kama ƙasa ina ba shi shawara ya neme su. Wanda ya fara kama ni shi ne The Arrivants na Kamau Brathwaite, mutumin Barbados, wanda aka haɗa shi littafi guda a 1973. Jikan bayi ne da ya zo Ghana ya yi shekaru yana aikin ilimi, daga 1955 zuwa 1962, ya koma ya rubuta yadda mutanensa suka taso daga cikin Afirka har aka tsallaka da su teku. A kashi na biyu ina buɗa shafi sai ga waƙa mai sunan Chadi, ga ta Tumbutu, ga ta Wagadugu. Ina zaune a ƙasar da ko sunana ba su iya faɗa ba, sai ga hanyar fatakenmu a kan takarda. Na karanta wannan ɓangaren ya fi sau biyar.

Na biyu Omeros na Derek Walcott ne, 1990, shekara biyu kafin a ba shi kyautar Nobel. Ba zan yi muku ƙarya ba, wannan ya ba ni wuya, shafi ɗari uku da wani abu, Turanci mai ƙashi, rabi na tsallake. Amma akwai wani masunci a ciki da tsatsattsen ƙarfen jirgi ya ji wa ciwo a ƙwauri, gyambon ya ƙi warkewa, shi kuma ya yi imani sarƙar da aka ɗaure kakanninsa ce take fitowa a jikinsa. Wata mata mai shago ce ta shiga daji ta nemo ganyen da tsuntsu ya ɗauko irinsa tun daga Afirka, ta dafa, ta yi masa wankan magani ya warke. Da na zo nan sai na ga kakata a Tudun Wada da tukunyar saiwoyinta.

Na ukun siriri ne, Requiem na Anna Akhmatova, 'yar Rasha. Zamanin Stalin aka kama ɗanta, ta yi wata 17 tana bin layin gidan yari a Leningrad tare da sauran mata. Ajiye waƙar a rubuce zai iya jawo kisa, sai ta riƙa rubuta baiti a guntun takarda, aminiyarta ta haddace, a ƙone takardar. Ba a buga ta ba sai 1963 a Jamus, a ƙasarta kuwa sai 1987. Ita ma'aikaciyar tana ba ni wannan labari tana zare ido, wai mutum ya riƙe waƙa sukutum a ka. Ni dariya ma ta so kama ni, na ce mata a garinmu yaro ɗan shekara goma sha biyu yana riƙe abin da ya ninka wannan sau ɗari.

Ashe bakina ne zai ja mini. Ta ce, "To ku a harshenku waɗanne waƙoƙi ne na tafiya da tarihi? Faɗa mini, in saya mana ko biyu ne in sa a teburin nan. Muna da masu zuwa 'yan Najeriya da yawa."

Sai na gyara tsayuwa. Na kawo mata Imfiraji na Malam Aliyu Namangi, makahon Zariya da ya rasu a 1990, na ce in juriya take nema ga mutumin da bai taɓa ganin baƙi a takarda ba amma waƙarsa ta cika Arewa. Na kawo Sa'adu Zungur da waƙarsa ta maraba da sojojinmu da suka dawo daga Yaƙin Duniya na Biyu. Na kawo Alhaji Umaru, haifaffen Kano da ya bi hanyar goro ya zauna Salaga, ya ƙare a Kete-Krachi, ya waƙe zuwan Nasara yana gani da idonsa. Na kawo Waƙar Gewaye ta Nana Asma'u. Tana ta bugawa a kwamfuta, ina ta zuba kamar malamin jami'a. Da na gama ta ɗago kai ta ce dillalin da suke saye a wurinsa ba shi da ko ɗaya a cikin na Hausar. Ko ina da lambar littafin, wadda ake bugawa a baya? Ko na san shagon da zai aiko musu da rasit? Ko adireshin intanet na mai sayarwa?

Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Na ce ta ba ni mako guda.

A daren na kira ƙanena a Zariya. Ya ce, "Yaya, Imfiraji kuma? Ai wannan ko a bakin titi." Ya zaga Sabon Gari, ya zaga Samaru. Shago na farko aka ce ya ƙare. Na biyu aka ce a dawo bayan Sallah. Na uku mai shagon ya ce masa, "Malam, ai yanzu ba a tambayarsa, sai in an sa shi a jarrabawa," ya miƙo masa littafin tambayoyin jarrabawar da suka wuce. Na ce ya je wurin Kawu, na san yana da shi a akwatin ƙarfe tun muna yara. Kawu ya karɓi wayar da kansa: "Ɗana, wani malamin makaranta ya ara tun zamanin Abacha, ya ce kwana biyu." Sauran na cikin akwatin kuwa gara ta yi walima da su. Na tura kuɗi wa wani da ya rantse yana da hanya a Kano, har yau shiru kake ji kamar an aiki bawa garinsu.

Wannan hali namu na aron littafi yana ci mini tuwo a ƙwarya. Mutum zai ji nauyin riƙe maka naira dubu, amma ya riƙe maka littafi shekara talatin ko a jikinsa, in ka tambaya ma kai ne marowaci. Ni kaina ba na cire kaina, akwai ƙamus ɗin wani a ɗakina na gida da ban san ko mai shi yana raye ba. Nan kuwa kwana biyu kafin wa'adi saƙo zai shigo waya, ka wuce da kwana ɗaya na'ura ta rubuta maka tara, ba ruwanta da an yi maka rasuwa ko dusar ƙanƙara ta hana bas tafiya. Na biya sau ɗaya ina ƙunƙuni. Amma saboda wannan na'urar marar imani ne littafin da na ara yake ɗauke da alamar hannun mutum hamsin kafin ni kuma yana nan.

Kada ku ɗauka komai nasu zuma ne. Na shiga wani shagon littattafai a tsakiyar gari, littafin waƙa da bai kai kaurin ƙosai ba fam goma sha biyu, ku buga da naira ku ji. Sai daga baya na gano shagunan sadaka, inda ake zuba gwanjon littattafai fam ɗaya, fam biyu. Sannan na je wani daren karanta waƙoƙi da aka gayyace ni, na yi da na sani. Mutum ya miƙe da takarda yana karantawa da murya ɗaya kamar mai sanarwar jirgin ƙasa, ba rerawa, ba amshi, ba wanda ya ce "Allah ya biya". An gama aka tafa sau uku kowa ya ɗauki rigar sanyinsa. Ina tafiya tashar bas ina jin muryar makafin nan na ƙofar masallacin Juma'a, ɗaya ya ja baiti sauran su karɓa, har mai tallan rake ya tsaya. Wannan kam ba su da shi, ko sun ba da fam miliyan ba za su samu ba. A sitonmu na tambayi Turawa huɗu ko akwai mai iya kawo baiti biyu da ka, aka rasa.

Bayan mako uku ƙanena ya samo kwafin da aka ɗauka a injin hoto a gefen jami'a, aka ba wani mai zuwa ya saƙo mini cikin kayan kuka da daddawa. Shafi huɗu babu, wasu sun karkace, gefe duk rubutun wani ɗalibi. Na kai mata a haka, yana ƙamshin daddawa. Ta karɓa hannu biyu, ta buɗa a hankali, ta nemi in karanta mata. Na rera mata baiti uku ƙasa-ƙasa, wani tsoho da ke karanta jarida ya sauke ta yana kallona. Sannan ta ce, cikin ladabin nan nasu mai kashe jiki, doka ba ta ba su damar sa kwafin inji a kanta ba saboda haƙƙin mallaka. Ta mayar mini da abina.

Ina shirin juyawa ta ce in dakata. Ta sunkuya ƙarƙashin tebur ta ɗauko wani ƙaton littafi da takarda naɗe a jikinsa da sunana. Ashe tun ranar farko ta aika neman aro daga laburaren wata jami'a. Tarin ayyukan Nana Asma'u ne, wanda Jean Boyd da Beverly Mack suka haɗa, aka buga a Amurka a 1997, shafi sama da 700. Ita Jean Boyd ta yi shekaru a Sakkwato tana aiki da takardun gidan Waziri Junaidu. Ga fassarar Turanci, ga asalin Larabci da Fillanci da Hausa, har da hoton rubutun ajami. 'Yan fam kaɗan na biya na kuɗin kawowa.

Shekarata talatin da takwas, sunan Nana Asma'u yana kan makarantu da ɗakunan kwanan ɗalibai da na wuce sau dubu, amma ban taɓa riƙe waƙarta a hannu ba sai a Ingila, daga hannun matar da ba ta iya faɗin "Asma'u" daidai ba. Waƙar Gewaye da Fillanci ta yi ta, ɗan'uwanta Isa ya mayar da ita Hausa. Tana bin sawun jama'ar Shehu daga Degel zuwa hijirar Gudu a 1804, lokacin ita tana yarinya 'yar shekara goma sha ɗaya, ta bi ta Tabkin Kwatto, ta bi ta Tsuntsuwa inda aka yi asarar malamai da mahaddata, har faɗuwar Alƙalawa a 1808. Tafiyar da tarihin da juriyar da aka rubuta a kwalin nan, duk ga su a waƙa ɗaya, kuma teburin ya tashi ba ta hau kansa ba, tunda aro ce da sunana.

Ranar Alhamis wa'adin yake cika, an riga an ƙara mini sau ɗaya, ba a ƙara na biyu. Na duba farashin saye a intanet na rufe wayar. Sai na sayi littafin rubutu mai bangon kwali, kullum lokacin hutun ƙarfe biyun dare in zauna a ɗakin cin abinci ina kwafewa da hannu. Ɗan Mai Wurno yana riƙe mini shafin yana cewa in yi sauri, shi ma zai kwafa daga nawa. Jiya muka wuce Tsuntsuwa.