Kanjivaram ko Banarasi: wanne zai fito da shigar Savitri?

'Yar uwa, tunda shigar Savitri kike son yi a bikin ƙanwarki, sarin siliki na Kanjivaram za ki saya, ba na Banarasi ba. Savitri 'yar kudancin Indiya ce, finafinan Telugu da Tamil ta yi, irin su Mayabazar na 1957, kuma saƙar kudu ce ke tafiya da kwalliyarta: tsaga a tsakiyar kai, gashi a dunƙule a ƙeya da fararen furanni, sai riga mai hannu har gwiwar hannu. Hannun nan ma ya sa shigarta ta fi mana sauƙi, ba sai tela ya yi ta ƙare-ƙare ba. Ɗigon goshi dai ki bar musu abinsu.

Kanjivaram ɗina ja ne mai duhu, bakinsa kore. Yayata ce ta zo min da shi daga Chennai lokacin da ta kai Hajiyarmu asibiti. A Kanchipuram ake saƙa shi, wani gari a jihar Tamil Nadu. Masaƙan gargajiya daban suke saƙa jiki, daban baki, suna harɗe zaren biyun tun a kan masaƙa, shi ya sa launukan suke rabuwa tsaf, ga zanen tsinin haikali a jere a bakin. Yana da nauyi, kuma nauyin ne amfaninsa. Na wuni da shi a kamu, ana ta zama ana tashi, ninkin gaba bai zame ba. Gwaggon mijina ta kama gefensa tana murzawa, ta ce rabonta da taɓa yadi mai jiki haka tun tana amarya. Ki kalli Mahanati na 2018, fim ɗin tarihin rayuwar Savitri da ya ci lambar yabo ta ƙasar Indiya kan tufafi, za ki ga yadda ake ɗaura shi.

Banarasi ba laifi, na Varanasi ne can arewacin Indiya, mai furanni irin na zamanin sarakunan Mughal. Amma amaryar arewacin Indiya zai mayar da ke. Nawa Banarasin yana cikin akwati.

Sai ki yi hattara da masu sayarwa a Instagram, da yawa roba suke turo wa mutane da sunan siliki. Ki ce a nuna miki tambarin Silk Mark, shaidar silikin gaskiya a Indiya, a kuma ɗauko miki bidiyon bayan yadin, wurin da baki ya haɗu da jiki. Idan ya iso, zaro zare ɗaya daga gefe ki ƙona: na gaskiya warin ƙonannen gashi yake yi, tokarsa ta murmushe, na roba kuwa narkewa yake ya dunƙule. Duk wadda ta ƙi yarda a yi wannan gwajin kafin ki cika kuɗi, ki nemi wata.