Fim ɗin Indiya don wasan jarumai mata: wanne za ka ɗauka, kuma wane kwafi?

Idan abin da kake nema shi ne fitowar da jaruma ta tsaya da ƙafarta har ba a manta ta ba, to kafin ka miƙa memori a shagon tura fina-finai, ka san cewa kwafin da za a ba ka yana da muhimmanci kamar fim ɗin kansa.

Fara da Mughal-e-Azam na 1960, domin a nan aka fi yin kuskure. Kwafi biyu ne ke yawo: na asali, baƙi da fari, mai tsawon sama da awa uku, da wanda aka yi wa kala aka sake fitarwa a 2004, wanda ya fi gajarta. A na asalin, waƙar da jarumar fim ɗin, Madhubala, ta yi rawa a ɗakin madubai gaban Sarki Akbar, tana bayyana son ɗansa ba tsoro, an ɗauke ta da kala tun farko. Ido ya saba da baƙi da fari, sai kwatsam kala ta buɗe. A kwafin 2004 komai kala ne, wannan mamakin ya tafi. Mai kallo da yara zai fi jin daɗin na 2004. Mai son ganin abin da daraktan fim ɗin, K. Asif, ya shirya ya nemi na asali. Muryar waƙar ta Lata Mangeshkar ce, aikin Madhubala yana ido da fuska, don haka kwafi mai dishi-dishi asarar kuɗi ne.

Mother India na 1957 shi ne na zaman iyali. Nargis ce Radha, uwar da ta harbe ɗanta Birju da hannunta saboda ya sace 'yar mutane. Matsalarsa ɗaya: hotonsa kusan murabba'i ne, wasu kwafin kuma an ja shi ya cika faffaɗan allo, fuskoki sun baje. Duba wuyan tulu ko ƙafar keken shanu, in da'ira ta koma siffar ƙwai, a canza maka.

Mirch Masala na Smita Patil, inda mata suka watsa wa azzalumin mai karɓar haraji garin barkono a ido, wuyar samu gare shi. Kahaani na 2012 kuwa yana ko'ina, sai dai ƙarshensa, inda Vidya Balan ta ɓace cikin taron mata a bikin Durga na mabiya addinin Hindu a birnin Kolkata, kwafin 300MB yana mayar da shi dabbare-dabbare. Nemi kwafi mai ingancin hoto 720p, wajen 1GB. Bandit Queen na 1994, labarin Phoolan Devi, shugabar 'yan fashi a Indiya, na manya ne zalla, akwai fyaɗe da tsiraici. Takardar hukumar tace fina-finan Indiya tana fitowa a farkon fim: U na kowa ne, UA sai da kulawar iyaye, A na manya.

Sai batun fassara. Ta Hausa tana sa ka gane labari ba wahala, kuma ga fim mai bincike kamar Kahaani tana taimakawa sosai. Amma tana danne muryar jarumar, wani lokaci ma namiji ne ke maganarta, waƙoƙi kuma ba a cika fassara su ba, alhali a fim irin Mughal-e-Azam ƙalubalantar sarkin cikin waƙar take. Ga tsofaffin nan, kwafi mai muryar asali da rubutun fassara a ƙasa ya fi.

Kafin ka bar shago, a buɗe maka fim ɗin. Duba tsawonsa: in Mother India bai kusa awa uku ba, an yanke shi. Tsallaka tsakiya ka ga ko baki da murya suna tafiya tare, sannan ka leƙa minti biyar na ƙarshe, don fayil ɗin da bai gama sauka ba a nan yake tsayawa.