Manhajar bibiyar suga a waya: amfaninta da wuraren da take ba da wahala

Manhajar da nake magana a kanta irin wadda ke haɗuwa da na'urar gwajin suga ta Bluetooth ce: a huda yatsa, lamba ta fito a na'ura, ta wuce waya da kanta tare da rana da lokaci. Wajen ajiye bayani na yaba mata. Rahoton wata uku da take fitarwa ya fi wa likita a Asibitin Barau Dikko da ke Kaduna amfani nesa ba kusa ba a kan majinyaci ya ce "jiya ya ɗan hau". Sai dai tana da matsaloli, kuma yawancinsu daga saitin waya suke tasowa.

Abin da aka fi kuka da shi ƙin haɗuwa. Kada ku haɗa na'urar ta saitin Bluetooth na waya, daga cikin manhajar ake haɗawa. In an riga an yi ta can, a goge sunan na'urar a sake. Wayar da ke kan Android 11 zuwa ƙasa sai an ba manhajar izinin lokeshan kafin ta ga na'urar, daga Android 12 kuma izinin na'urorin da ke kusa take nema. In ta haɗu yau gobe ta yanke, tsarin tanadin caji ne ke kashe ta a ɓoye. A cire ta daga jerin manhajojin da ake taƙaita wa batir. Mu da wuta ba ta zama, kusan kowa a tanadin caji yake barin wayarsa.

Wadda ta fi damuna ita ce ta ma'auni, domin tana iya cutarwa. Akwai mg/dL, akwai mmol/L, kuma tsakaninsu ninki 18 ne: 7 a mmol/L daidai yake da 126 a mg/dL. Wanda ke shigar da lamba da hannu, na'urarsa na kan mmol/L manhajar na kan mg/dL, zai ga jadawali na nuna masa suga ya faɗi warwas alhali lafiya lau yake. A daidaita su tun ranar farko. A kuma riƙe cewa ƙasa da 70 mg/dL, wato 3.9 mmol/L, suga ya yi ƙasa, a sha abu mai zaƙi nan take ba tare da jiran abin da waya za ta ce ba.

Idan sakamako ya ɓace ko ya faɗa wata rana daban, a duba agogon na'urar. Canza batirinta, galibi ɗan faifan nan CR2032, kan mayar da kwanan wata baya.

Lambar da ba ta yi kama da gaskiya ba kuwa, ba ruwan manhaja, abin da aka ba ta take rubutawa. Yatsan da ya taɓa mangwaro, dabino ko rake zai ba da lamba mai yawa, don haka a wanke hannu da sabulu a busar da shi sosai. Tsinken gwaji, wanda ake ɗiga wa jini, ba ya jure zafi, yawancinsu ba a so su wuce digiri 30, ga shi zafin Maris da Afrilu a Kaduna ya zarce haka, balle a cikin mota. Da damina a rufe kwalbar da zarar an zaro ɗaya. Ko da komai daidai ne, ƙa'idar da ake auna waɗannan na'urori da ita ta yarda da saɓanin kashi 15 cikin ɗari, saboda haka 140 yanzu da 152 bayan minti ɗaya ba lalacewa ba ce.

Sashen abinci ne ya fi rauni. Babu tuwon masara, babu waina, babu fura. Gara a rubuta su a gurbin ƙarin bayani, da yawan malmala ko ludayi. Kiyasin HbA1c, wato matsakaicin suga na wajen wata uku, da manhajar take nunawa shi ma lissafi ne kawai, ba ya maye gurbin gwajin asibiti, kuma kada a canza yawan magani ko allurar insulin a kansa sai da likita.

In manhajar ta daskare, a share tarkacen wucin gadi, wato cache, kaɗai. Maɓallin share dukkan bayanai na kusa da shi, kuma wanda bai buɗe asusu da imel ba zai rasa duk abin da ya tara in ya taɓa shi. Haka in za a kai waya gyara, a fara fitar da rahoton a tura wa kai ta WhatsApp.