Kafin ka sayi tsohon fim ɗin birni

Mai son ganin yadda birni yake shekara ɗari da suka wuce, hanya uku ce a gabansa: gyararren faifai daga ma'ajiyar fina-finai, faifan arha da aka kwafo ko ta ina, sai bidiyon YouTube da kwamfuta ta shafa wa launi.

Na ƙarshen ya fi ɗaukar ido, kuma shi na fi shakka. Launin ƙiyasin na'ura ne, rigar da ta fito shuɗiya ta yiwu ja ce. Har ƙarar kofaton dawakai daga baya aka ɗora, don fina-finan ba su da sauti tun asali. Don nishaɗi ba laifi, amma ɗalibin tarihi kada ya kafa hujja da shi.

Faifan arha matsalarsa gudu. Da hannu ake juya kyamarar wancan zamani, hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa, sai mai kwafi ya saka shi a 24, ka ga mutane na sauri kamar ana korarsu.

Kuɗinka ya fi dacewa da gyararren faifai, musamman mai ɗan littafin bayani a ciki. Tarin masu ɗaukar fim Mitchell da Kenyon da cibiyar fina-finai ta Birtaniya (BFI) ta gyara misali ne: fina-finai kusan 800 da aka gano a 1994 cikin ganguna a ƙarƙashin wani shago a Blackburn ta Ingila. A cikinsu za ka ga ma'aikata na fitowa daga masana'anta, yara na cusa kai gaban kyamara.

Shi ma fim ɗin, a san abin da ake saye. Fim ɗin 1929 na Dziga Vertov, mai shirya fim na Tarayyar Soviet, gwanin kyau ne, sai dai ya haɗa Mosko da Kiyef da Odesa ya mai da su gari ɗaya. Mai neman takamaiman titi gara ya ɗauki A Trip Down Market Street, wanda aka ɗauka daga gaban jirgin titi a San Francisco kwanaki kaɗan kafin girgizar ƙasa ta 18 ga Afrilu, 1906. Ko shi ɗin da dabara a ciki: wasu motocin zagayowa suke yi su sake bi ta gaban kyamara, titi ya yi kamar ya cika.

Kafin ka biya, duba lambar yanki a bayan kwali. Faifan Blu-ray na Turai yankin B ne, na Amurka A, kuma ba kowace na'ura ke kunna duka biyun ba.