Totò da Galeazzo Benti: wane ne ɗan sarautar gaske?

Ɗan'uwa, ka ce ka kalli wasu tsofaffin finafinan barkwanci na Italiya, ka ji ana kiran Totò da Yarima, sannan aka ce maka wani siririn ɗan gayu da ke fitowa a gefensa, Galeazzo Benti, shi ma jinin sarauta ne. Ka tambaya wane ne na gaske a cikinsu, kuma wa ya fi iya wasa.

In asali ake nema, Benti ne. Sunansa na yanka Galeazzo Bentivoglio, an haife shi a Florence a 1923. Gidan Bentivoglio su ne suka riƙe birnin Bologna a ƙarni na 15, har zuwa 1506 da Paparoma Julius na Biyu ya kore su. Da ya shiga fim a farkon shekarun 1940 sai ya datse sunan ya koma Benti, ya bar wa dangi sauran.

Totò kuwa ta ɗaya hanyar ya biyo. An haife shi a 1898 a Rione Sanità, unguwar talakawa a Napoli, ba tare da iyayensa sun yi aure ba, don haka da sunan gidan mahaifiyarsa, Clemente, aka yi masa rajista. Sai da ya girma mahaifinsa Giuseppe de Curtis ya karɓe shi a hukumance. Abin ya tsaya masa a rai. A 1933 wani basarake mai suna Francesco Maria Gagliardi Focas ya mai da shi ɗansa a takarda, shi kuma yana biyan dattijon kuɗi a kai a kai muddin ransa. Bai tsaya nan ba, ya yi ta zarya a kotu har aka amince masa da jerin laƙabobi masu alaƙanta shi da sarakunan daular Rumawa ta Gabas. Abin dariyar shi ne lokacin da haƙarsa ta cim ma ruwa: a 1946 'yan Italiya suka kaɗa ƙuri'ar soke sarauta, tsarin mulkin 1948 kuma ya ce gwamnati ba ta san da wani laƙabin sarauta ba.

A gaban kyamara sai suka yi musayar riga. Totò, mai son a kira shi Yarima a gida, yunwa yake wasa da ita: ɓarawon ƙananan kaya, matalaucin magatakarda, mai dabarar neman na tuwo. Benti shi kuma ya ɗauko abin da ya tashi yana gani ya mai da shi abin dariya. Fitowarsa kusan kullum ɗaya ce, ɗan kwalisa marar aikin yi, gashi a kwance, magana ta hanci a ja a ja kamar kalmomin sun yi masa nauyi, yana duban mutane a sheƙe. Wanda bai zauna cikin irin waɗannan mutanen ba zai cika wa abin gishiri. Shi bai cika ba, shi ya sa yake ba da dariya.

In kana son ganinsu kafaɗa da kafaɗa, nemi L'imperatore di Capri na 1949, wanda Luigi Comencini ya ba da umarni. Totò ma'aikacin otal ne mai kai wa baƙi abinci, aka ɗauke shi a matsayin wani hamshaƙin basaraken Gabas a tsibirin Capri, masu kuɗi suka yi ta rububinsa suna kwaikwayon duk shirmen da ya yi. Benti na cikin 'yan gayun da ke kewaye da shi. Wato ɗan gidan sarautar gaske yana fadanci ga basaraken bogi.

Batun wa ya fi, a ganina ba sa'o'in juna ba ne. Totò jarumi ne da ake gina fim a kansa, ya yi fim 97, ya ci gaba da aiki ko bayan da idanunsa suka kusa rufewa daga 1957, har ya rasu a 1967. Benti ɗan rakiya ne, aikinsa ya shigo na 'yan mintoci ya ba jarumi abin da zai yi wa ba'a. Ya yi hakan da Totò, ya yi da Alberto Sordi a Un americano a Roma na 1954. Illar irin wannan fitowa ita ce daraktoci ba sa ganinka a wata riga, kuma a nan ya maƙale.

Cikin shekarun 1950 ya tattara ya koma Venezuela, inda 'yan Italiya ke ta ƙaura a lokacin, ya daɗe ba a ganinsa a finafinan gida. Darakta Ettore Scola ne ya sake fito da shi a fim ɗin La terrazza a 1980. Ni wannan zangon na biyu ya fi burge ni, domin ɗan kwalisan ya tsufa, furfura ta fito, sai fitowar ta samu nauyin da ba ta da shi a da. Dino Risi da Carlo Verdone duk sun sa shi a finafinansu a shekarun 1980, ya ci gaba da aiki har kusa da rasuwarsa a 1993.