Chambers ko Oxford Advanced Learner's, wanne ya fi don baƙin kalmomin Turanci?

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Tsakanin ƙamus biyun nan da ka ambata, tunda kalmomin da ba a cika ji ba kake nema, ɗauki Chambers kawai.

Nawa jan bango ne, kawuna ya bar mini shi lokacin da ya yi ritaya daga koyarwa, har gefen shafukan sun yi baƙi saboda yawan buɗawa. A birnin Edinbara na Sikotilan aka fara wallafa shi, kuma an san shi da tattara tsofaffin kalmomi da na karin harshen Sikotilan da waɗanda marubuta suka daina amfani da su tuntuni. Shi ya sa 'yan wasan Scrabble, wato wasan jera haruffa a haɗa kalmomi, a Birtaniya suka daɗe suna yanke hukunci da shi kafin a koma jerin kalmomin ƙamus ɗin Collins. Wata rana muna buga wasan a majalisa, wani abokinmu ya jera syzygy, aka yi ta musu wai ƙirƙira ya yi. Muka buɗe Chambers, ga ta zaune: jeruwar rana da duniya da wata a layi ɗaya, kamar lokacin husufi, kuma "sizziji" ake furtawa. Ranar mai musun ne ya biya kuɗin shayi. Ga shi da barkwanci jefi-jefi, don ya bayyana éclair da cewa kek ne mai tsawon jiki amma gajeren kwana.

Oxford Advanced Learner's kuwa, ba laifi. A. S. Hornby ya tsara shi don masu koyon Turanci, kamfanin Oxford ya fitar da shi a 1948, saboda haka kalmomin yau da kullum ya fi mayar da hankali a kai. Na saya don irin buƙatarka, yanzu yara ne ke aikin gida da shi.

Gefen furuci ne kaɗai zan ba shi maki. Yana amfani da alamomin IPA, wato alamomin rubuta furuci na duniya, ya ba ka furucin Ingila da na Amurka, irin alamomin da ake buƙata a jarabawar furucin Turanci ta WAEC. Chambers yana da nasa tsarin alamomi, sai ka zauna ka karanta jadawalin da ke farkon littafin kafin ka gane. Kuma dole ka gane ɗin, don Turanci ba ya bin rubutunsa: victuals, wato kayan abinci, "vitilz" ake cewa, synecdoche kuma "sinekdoki". Idan kana son ji da kunnenka, shafin ƙamus na Cambridge ko na Merriam-Webster a waya kyauta ne, sai dai Merriam-Webster furucin Amurkawa yake bayarwa.

Sai batun masu sayarwa. Jabun ƙamus sun cika kasuwa, musamman Oxford, don shi ake yawan nema. Za ka ga bango mai sheƙi a naɗe cikin leda, mai kaya ya ce "asali ne, daga waje", kuma ya hana ka buɗewa. Idan ya ƙi ka yage ledar, ka bar masa kayansa. Idan ya yarda, duba ƙananan alamomin furuci: a jabu tawada takan cakuɗe su har ka kasa bambance ɗaya da ɗaya. Sannan ka bi lambobin shafuka a tsakiya, nan ake tsallake ashirin ko talatin a lokaci guda. Chambers bugu na 13 ya fito a 2014, amma ko tsohon bugu ka samu a wurin masu gwanjon littattafai, in dai shafukansa sun cika, saya.