Ruwan Wikki a Tsakiyar Hunturu: Sharhi kan Hutun Ƙarshen Shekara a Yankari

Idan watan Disamba ya kama a Bauchi, gajiya iri biyu ce ke haɗuwa a jikin mutum. Akwai ta hunturu, wadda ke zuwa da hazo da mura da tsagewar leɓe da faso, har alwalar asuba ta zama abin da sai an ɗaura niyya. Akwai kuma ta lissafi, domin a lokacin ne ɗan kasuwa ke buɗe littafin bashi, ma'aikaci ke auna albashinsa da kuɗin makarantar da ke jiransa a Janairu, manomi kuma ya gama kaka yana duba ko abin da ya shiga rumbu zai kai iyali wata damina. Ga wanda wannan nauyi ya danne, kuma yake da halin barin gida na kwana biyu, ina ganin babu wurin da ya kai Gandun Dajin Yankari a wannan yanki. Sai dai abin da ya fi biyan kuɗin mutum da wahalar hanyarsa shi ne ruwan ɗumi na Wikki, ko da yake da namun daji aka fi tallata wurin.

Gandun yana cikin ƙaramar hukumar Alkaleri, kuma faɗinsa ya kai murabba'in kilomita 2,244. An keɓe shi a 1956, aka buɗe wa baƙi a 1962, ya zama mallakar tarayya a 1991, sannan ya dawo hannun gwamnatin Jihar Bauchi a 2006. Mai tasowa daga Bauchi zai bi titin Gombe har Dindima, ya karkata zuwa Mainamaji inda babbar ƙofa take. Daga ƙofar zuwa masaukin Wikki akwai sauran tafiyar da ta haura kilomita 40 a cikin daji, don haka wanda ya bar gari bayan la'asar ya takura wa kansa.

Ana sauka wurin ruwan ne ta matakala, a cikin wani kwari da manyan itatuwa suka lulluɓe. Ruwan yana ɓullowa daga ƙarƙashin dutse, garau da shi, ta yadda mutum yana tsaye har ƙirji zai iya ƙirga yatsun ƙafarsa a kan farin yashin da ke ƙasa. Kimanin lita miliyan 21 yake fitarwa a kowace rana, yana gangarawa zuwa Kogin Gaji, shi ya sa ba ya tsayawa balle ya yi wari kamar ruwan kududdufi. Ɗuminsa kuwa digiri 31 ne, dare da rana, rani da damina. Wannan adadi bai kai zafin jikin ɗan Adam ba, wanda yake kusan digiri 37, saboda haka wanda ya shiga da tsakar rana yana iya fitowa yana tambayar ina ɗumin da ake ta ba da labari. Sirrin yana ga lokacin shiga. Da sanyin safiya, bayan sallar asuba, sa'ad da iskar hunturu ta sauko da yanayi ƙasa da digiri 20, za ka ga tururi yana tashi a saman ruwan, kuma da zarar ka nutsa har wuya sai ka ji kafaɗun da suka shekara a ɗaure sun saki. Wahalar ɗaya ce, wato fitowa, domin iska na taɓa jiƙaƙƙen jiki haƙora za su fara kaɗawa. Wanda ya ajiye tawul da rigar sanyi a kusa, ya kuma shafa man kaɗanya tun jikinsa bai gama bushewa ba, shi ne ya san wurin.

Akwai wani amfani da ba a rubuta shi a allon talla ba. A cikin ruwan babu babbar riga babu hular zanna, saboda haka attajiri da ɗalibi da direban da ya kawo su duk kai ɗaya ake gani, kuma hira tana ɓarkewa tsakanin mutanen da a gari gaisuwa kaɗai za ta haɗa su. Kowa da nasa labarin shekarar: wannan tsadar taki ta hana shi noma rabin gonarsa, wancan ya rufe shago ɗaya don ya ceci ɗaya. Mai sauraro yakan gane cewa ba a kansa kaɗai shekarar ta sauka ba, kuma na lura wannan ganewar tana kwantar da hankali fiye da lallashin da ake yi wa mutum a gida. Bayan irin wannan safiya barcin dare yana zuwa da nauyi, washegari kuma lissafin Janairu yana nan yadda aka bar shi, amma mai yin sa ya sami ƙarfin zama ya fuskance shi.

Fita kallon namun daji ana yin ta ne a mota tare da jami'in gandun, da safe ko da yamma. Ana iya cin karo da gwanki da gwambaza da mazo da ɓauna, ga tsuntsaye fiye da iri 350 ga mai haƙurin ɗaga kai. Giwa ita ce kowa ke fata, domin Yankari na riƙe da ɗaya daga cikin manyan garkunan da suka rage a Najeriya, waɗanda suka tsira daga shekarun farautar haure. Amma jami'in da ya raka mu ya faɗa mana tun kafin mota ta tashi cewa giwa ba ta yi wa kowa alƙawari ba, kuma gaskiyarsa. A Disamba ciyawa ba ta gama kwanciya ba, akwai sauran ruwa a wurare da dama, don haka dabbobin a warwatse suke; sai rani ya yi nisa, wajen Fabrairu zuwa Afrilu, ƙishirwa ke tattaro su bakin Kogin Gaji. Mai sha'awar tarihi zai iya neman a kai shi kogunan Marshall, ɗakuna 59 da mutanen dā suka sassaƙa a jikin dutse, ko ya leƙa ɗan gidan tarihin da ke masaukin.

Gwaggon biri kuwa ba sai an fita nemansa ba. Shi da mugun dawa suna yawo a harabar masauki kamar su suka biya kuɗin ɗaki. Na ga wani ƙaton gwaggon biri ya zauna nesa kaɗan yana sosa ciki kamar babu ruwansa, yana jiran mai leda ya juya baya, kafin a ankara burodi ya hau bishiya. A rufe ƙofa da taga, a bar abinci a cikin mota, kada kuma a ba yara abin ci su riƙe a fili.

Lokacin zuwa shi ne abin da zai gyara tafiyar ko ya ɓata ta. Daga Kirsimeti zuwa sabuwar shekara baƙi sukan yi yawa daga sassan ƙasar nan, ruwan ya cika da hayaniya, kuma mai neman natsuwa zai koma da abin da ya zo da shi. Farkon Disamba ko bayan makon farko na Janairu, a tsakiyar mako, ya fi dacewa. Ruwan wanka ɗaya ne ga kowa, don haka magidancin da ya zo da iyali ya nemi sa'ar da babu jama'a, mata kuma su tanadi suturar da za su sake a cikinta. Ba tafiya ce mai arha ba idan aka haɗa man mota da kuɗin shiga da ɗaki da motar zagaye, shi ya sa ya fi sauƙi abokai huɗu ko biyar su yi karo-karo, su tambayi farashi su kama ɗaki tun kafin su bar gida. Zuwa da safe a juyo da yamma asarar mai ce, domin wanda bai kwana ba ba zai riski ruwan a lokacin da ya fi daɗi ba.